Rigarmu Tana Falo, Mu Muna Bakin Get



Makon jiya muka sake kallon fim ɗin nan na Funke Akindele, A Tribe Called Judah, a shagon wani tela da ke layinmu, bayan an idar da sallar isha'i. Mun kai mu goma, da waɗanda suka gan shi a sinima lokacin da ya fito a Disamban 2023, da waɗanda sai ranar suka fara ganinsa. An yi dariya, an yi tsaki, har wani dattijo a cikinmu ya share ƙwalla yana cewa wai hayaƙin mai tsire ne ya shiga masa ido. Fim ne da ya iya riƙe mai kallo, shi ya sa ba mu yi mamaki ba da ya zama fim ɗin Najeriya na farko da ya tara sama da naira biliyan 1 a gidajen sinima. Amma da aka kashe talabijin, sai mai shagon ya ajiye allurarsa ya ce, "To, yanzu ko a fim ɗin biliyan ma gadi muke yi?" Wannan tambayar ce ta sa muka ɗauki alƙalami.

Ga wanda bai kalla ba, labarin wata uwa ce mai suna Jedidah da 'ya'yanta maza biyar, kowane da ubansa, kowane uba kuma da ƙabilarsa. Emeka ɗan Ibo ne, Adamu ɗan Bahaushe, Shina ɗan Bayarabe, Pere ɗan Ijo, Ejiro ɗan Urhobo. Ciwon ƙoda ya kwantar da uwar, kuɗin magani ya gagara, sai yaran suka haɗa kai za su sace wasu kuɗin haram da maigidan Emeka ya ɓoye. Manufar a fili take: Najeriya ce uwar, ƙabilu ne 'ya'yan, in ba a haɗa kai ba uwa za ta mutu. Ba mu da ja a kan wannan.

Mu faɗi alheri tukuna. Adamu, wanda Uzee Usman ya fito a matsayinsa, ba a mai da shi wawa ba. Yana cikin masu hankalin gidan, yana neman halaliyarsa, yana jin ciwon mahaifiyarsa. Wanda ya fito a rawar kuma ɗan Arewa ne da ya san harshen da mutanen, ba wani aka ɗauko aka kifa masa hula aka ce ya karya harshe ba. In ma rabon sana'a ake dubawa, Bayarabe bai fi mu samun rabo mai kyau ba, don shi ɗan tasha aka mai da shi, ɗan Ijo kuma ɗan sane. Duk mun ga wannan, mun kuma yaba.

Sai dai fa a duba da kyau. Yara biyar, ciki ɗaya, ɗaki ɗaya, tukunya ɗaya, unguwa ɗaya. Da aka zo raba musu sana'a, sai ɗan Ibo ya faɗa shago yana sayar da kaya, ɗan Bahaushe ya faɗa cikin kakin masu gadi. Wa ya koya wa Adamu gadi? Ba a Arewa ya tashi ba, ba kuma cirani ya zo ba. Abin da fim ɗin ya faɗa ba tare da ya buɗe baki ba shi ne, gadi a jini yake, ko an raine ka a Kudu sai ya biyo ka. Fim ɗin da ya fito don ya ce mu duka ɗaya ne, da alamomin da aka saba raba mu da su ya yi aiki, don mai kallo ya gane kowa cikin daƙiƙa biyu ba sai an wahalar da shi ba.

Gadi ba abin kunya ba ne. A Sabo akwai gidaje da dama da kuɗin gadi ya ciyar da su, ya kai 'ya'ya makaranta, har ya kai tsoho Makka. Wanda ya kwana a farke don wani ya yi barci ya ci halal ɗinsa. Abin da ke damunmu yawan maimaicin ne. Tun zamanin kaset ɗin bidiyo, in Bahaushe ya bayyana a fim ɗin Kudu, kusan ka san inda za ka same shi: bakin get, da 'yar rediyo a kunne, da buta a gefe, da haƙora ja saboda goro, yana cewa "oga" yana juya "p" zuwa "f" don a yi dariya. Sunansa Musa ko Adamu, in ma an ba shi suna ke nan. Sau da yawa "aboki" kawai ake ce masa. Kalmar da a bakinmu take nufin amini, a bakin wasu ta koma sunan wanda ba a damu a san sunansa ba. Ba shi da mata, ba shi da 'ya'ya, ba shi da garinsu, ba shi da wani buri da ya wuce buɗe ƙofa da rufe ta. Labari yana faruwa a cikin gida, shi yana waje.

In kuma ba maigadi ba ne, to Alhaji ne mai tumbi da babbar riga, kuɗi kamar ya haƙa rijiyar mai, yana bin 'yan mata da daloli. Ko da aka zo yin shirin da ya ɗauki Arewa da muhimmanci, irin Sons of the Caliphate da EbonyLife ta fara nunawa a 2016, 'ya'yan masu mulki da masu kuɗi aka nuno, da fada da manyan motoci. Tsakanin maigadi da ɗan sarki babu kowa. Ina malamin firamare? Ina ma'aikaciyar jinya? Ina dillalin shanu a kara, da mai canji, da direban tirela, da lauya, da uwar da ke sayar da fura tana biyan kuɗin jami'a? Ai su ne mu.

Akwai waɗanda suka yi ƙoƙari, bai kamata mu hana su haƙƙinsu ba. A Lionheart na Genevieve Nnaji, wanda ya fito a 2018, Sani Mu'azu ya fito a matsayin Alhaji Maikano, mai kamfanin sufuri daga Kano, wanda aka zauna da shi teburi ɗaya aka yi cinikin haɗa kamfani cikin mutunta juna. Wannan ya yi kama da abin da muka sani, don haka iyayenmu suka yi hulɗa da Yarabawa da Ibo shekara da shekaru. Up North kuwa, na Tope Oshin, shi ma na 2018, ya ɗauki kyamara har Bauci, ya nuna hawan dawaki da kyawun ƙasa, ya ba Rahama Sadau rawa mai kyau. Amma ku lura da wanda labarin ke kansa: ɗan masu kuɗi daga Legas, Banky W, da aka tura hidimar ƙasa, shi ne ya zo ya buɗe wa 'yan matan makaranta hanya. Mu ne dai filin da baƙo ya zo ya gano kansa a ciki. Ya fi bakin get, amma har yanzu ba mu ne masu gidan ba.

Maganar masu gida ta tuna mana da tarihin wannan unguwa tamu. A 1916 aka kafa Sabo a nan Ibadan. Wani masani, Abner Cohen, ya zauna a cikinmu a farkon shekarun 1960, ya rubuta littafi guda a kan yadda kakanninmu suka riƙe fataucin shanu da goro tsakanin Arewa da Kudu, aka buga shi a 1969. Mutumin da ya fi muhimmanci a wannan tsari shi ne maigida: shi ke saukar da fatake, ya ajiye musu dukiya, ya haɗa su da dillalai, ya tsaya musu a kan bashi. Shanu masu yawa suna shiga hannun mahauta da bakinsa kawai, ba takarda ba lauya. Wannan shi ne Bahaushen Kudu na gaskiya. Daga maigida zuwa maigadi, wasali biyu kawai aka sauya wa wuri, amma a allon fim sauyin ya cinye tarihin shekara fiye da ɗari.

Yanzu mu zo kan tufa, don a nan abin ya fi ban mamaki. Je ka kowane biki a Ibadan ko Legas ranar Asabar, ka ƙirga kaftani. Ƙirga hular hannu a kan samarin da ba su taɓa tsallake Jebba ba. Amare Yarabawa suna zama a yi musu lalle, sau da yawa 'yan matanmu ne ke zana musu. Ɗan siyasa in zaɓe ya matso, kafin ya koyi "ina kwana" ya riga ya sayi Zanna Bukar. Mawaƙa da taurarin fim suna ɗaukar hoto da shadda mai maiƙo da aikin wuya, a rubuta a ƙasa cewa sun fito kamar sarakai. Kayan sun samu shiga, har falo, har jan kafet.

Kuma ba yau aka fara ba. Rigar nan da baƙaƙen fatar Amurka suka ɗauka a shekarun 1960 a matsayin alamar alfahari da Afirka, wadda suke kira dashiki, sunanta daga bakin Yarabawa ya je musu, su kuma Yarabawa daga "ɗan ciki" namu suka samo shi, wato 'yar rigar da ake sawa ƙarƙashin babbar riga. Jan saƙin alfarma da Yarabawa ke kira alaari, masana tufafi suna danganta sunansa da alharini, silikin da fatake suka riƙa kawowa ta hamada ya biyo ta kasuwannin Arewa. Aska biyu da aska takwas da ake zubawa a gaban riga, aikin Hausawa da Nufawa ne tun zamanin Daular Sakkwato.

Ba muna cewa a cire mana kayanmu ba ne. Aro tsakanin maƙwabta tsohon abu ne, mu ma muna yi. Ita kanta Zanna Bukar daga Barebari muka karɓo ta, matanmu na Sabo kuma sun iya ɗaurin gele da anko fiye da wasu 'yan gari. Abin da muke nunawa shi ne yadda ma'anar riga ke sauyawa gwargwadon wanda ya sa ta. Kaftani da hula a jikin tauraron Legas ado ne da wayewa. Kaftanin nan da hular nan a jikin yaronmu, in ya je neman hayar ɗaki a wata unguwa ko ya iso shingen bincike, su ne ke sa a ɗaga gira a fara yi masa tambayoyi. Riga ɗaya, hukunci biyu.

Ga kuma batun suna. A Nuwamban 2017, lokacin bikin Banky W, agbadar da Ebuka Obi-Uchendu ya sa ta karaɗe intanet, kowa kuma ya san sunan wanda ya tsara ta, Ugo Monye. Haka ya kamata a yi, mai aiki ya ci sunansa. To amma a nan Sabo, mutum nawa ne ke duƙe a kan tabarma ko keken aiki tun safe har ido ya yi ja, suna zuba wa manyan riguna aikin da za a kai wani shago a manna musu sunan wani? Mai ɗinkin hula yana shafe makonni a kan guda ɗaya, mai wankin hula ya gyara ta ta tsaya kyam, amma ranar da hoton ya fita babu wanda zai ambace su. Hannunmu yana cikin hoton, sunanmu ba ya ciki.

A 2022 hukumar kula da tallace-tallace ta ƙasa, ARCON, ta hana amfani da fuskoki da muryoyin 'yan ƙasashen waje a tallan da ake yi wa 'yan Najeriya, dokar ta fara aiki ranar 1 ga Oktoba na shekarar. An yi ta tafi, mu ma mun tafa, don mun gaji da ganin Baturiya tana tallata mana sabulun da mu za mu saya. Amma cire Bature bai amsa tambayar ba: wace fuskar 'yan Najeriya za a sa? Ku ɗaga kai ku dubi allunan talla daga Mokola zuwa Dugbe. Iyalin da ke murmushi a tallan banki ko na madara, sau nawa kuka ga uwar da mayafi irin na matanmu, uban da hula, ba don tallan na azumi ko na Sallah ba ne? Sai watan Ramadan ya kama ake tunawa muna da baki muna cin abinci.

To, laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani. Mu juyo gida.

Fina-finanmu na Hausa, waɗanda muke kallo a wayoyinmu kullum, me suke koya wa 'ya'yanmu game da kyau? Jarumar da ake mutuwar so, sau nawa take baƙa? Yawanci fara ce sol, doguwar hanci, irin zubin da muka ɗauko daga fina-finan Indiya da muka tashi da su. Baƙar yarinya kuwa, ita ce 'yar aiki, ko 'yar ƙauye, ko ƙawar da ke kai saƙo. Masu ɗaukar hoton biki su ma sun gane abin da kasuwa ke so, sai su wanke amarya a kwamfuta har uwarta ta kasa gane ta. Samarinmu suna faɗa da bakinsu, wai "fara ko mayya ce", a yi dariya a wuce. 'Yar shekara goma sha uku da ke zaune a gefe ba dariya ta ji ba, darasi ta ɗauka.

A 2017 mutane sun yi ca a kan tallan man Nivea da aka nuna a Najeriya da Gana, inda fatar tsohuwar sarauniyar kyau Omowunmi Akinnifesi ke yin haske tana shafa man. Mun ji haushi, kuma da gaskiyarmu. Amma kamfanin ai ba shi ya ƙirƙiro kasuwar ba, samunta ya yi a buɗe. Wani rahoton Hukumar Lafiya ta Duniya na 2011 da ake yawan ambato ya ce kashi 77 cikin 100 na matan Najeriya suna amfani da man ƙara hasken fata. Hukumar NAFDAC ta sha yin gargaɗi a kan mayukan da ke ɗauke da zaiba da wasu sinadarai masu lalata fata da ƙoda. Ba sai mun je nesa ba, mun san shagunan da ake haɗa su a unguwar nan, mun san kuma kayan lefen da ake sa su a ciki. Wanda ke kukan an raina shi saboda hularsa, bai kamata ya koma gida ya raina 'yarsa saboda launin da Allah ya ba ta ba.

Haka nan 'yan barkwancinmu. In za a fito da Bayarabe ko Ibo a fim ɗin Hausa, me ake yi? A karya harshe, a sa shi ihu ko son kuɗi, a yi dariya. Abin da ake mana a Legas shi muke ramawa a Kano. Mu da muke zaune a tsakiya, da maƙwabta Yarabawa, da surukai Yarabawa, wasunmu ma da iyaye mata Yarabawa, mun fi kowa sanin cewa duka hotunan biyu ƙarya ne.

Abin da ya fi mana ciwo shi ne, a allunan biyu babu mu. Fim ɗin Kudu yana ɗaukar Bahaushe baƙo ne da ya sauko daga bayan tirela jiya. Fim ɗin Kano kuwa bai ma san da zamanmu ba, in ya tuna da Kudu to wurin da yaro ke zuwa ya lalace ne. Yaron da aka haifa a Sabo, aka haifi ubansa da kakansa a Sabo, yana Yarabanci kamar ɗan Oja'ba, yana cin amala da rana tuwo da dare, in ya je Arewa a ce masa ɗan Kudu, in ya dawo a ce masa Gambari, wannan yaron bai taɓa ganin kansa a talabijin ba. Labarinsa kuwa ya fi na Adamu daɗi da zurfi.

Wani zai ce, duk wannan surutu a kan fim? Ai wasa ne. To, ga abin da ya faru da ɗiyar ɗaya daga cikinmu. A wata makaranta da ba za mu ambata ba, aka shirya wasan ranar al'adu. Yarinyar ita ke zuwa ta ɗaya a ajinsu, amma da aka zo rabon rawa, sai malamar ta ce ita da ɗan'uwanta su kawo buta da rediyo, za su fito a masu gadi. Malamar ba muguwa ba ce, abin da ta sani ke nan, kuma a allo ta koye shi. Yarinyar ta dawo gida ta ce ita ba za ta ƙara sa hijabi mai launin da ke nuna ita Bahausa ce ba.

Akwai kuma wanda ya fi wannan nauyi. Ba mu manta da Shasha ba, Fabrairun 2021, yadda rigimar mutum biyu-uku a kasuwa ta zama wutar da ta ci rayuka da shaguna ta kowane ɓangare. Ba mu manta da Uromi ba, Maris 2025, inda aka tare matafiya mafarauta da suka taso daga Fatakwal za su gida Kano yin Sallah, aka ce masu garkuwa ne, aka kashe mutum 16. Ba mu ce fim ne ya kunna waɗannan wutar ba, dalilansu suna da yawa. Amma mutumin da aka saba nuna maka shi ba suna, ba iyali, ba labari, ranar tashin hankali ba ka ganin ɗan wani ko uban wani, "aboki" kawai kake gani. Maƙwabtan da suka ɓoye mutanenmu a ɗakunansu lokacin Shasha, sun yi haka ne don sun san su da sunayensu, sun ci abinci tare. Hoto yana iya kusantar da wanda ba ka sani ba, yana kuma iya nesanta shi.

Saboda haka hukuncinmu a kan A Tribe Called Judah shi ne: fim ne mai kyau, mai kyakkyawar niyya, wanda ya ba Bahaushe zuciya da hankali, amma ya bar shi a inda ya same shi. Muna fata masu shirya fim na gaba za su tako Sabo su sha shayi da mu kafin su rubuta wani Adamu. Tafiyar ba nisa, daga Legas awa biyu ce da 'yan kai.

Amma zanen aro ba ya rufe katara, kuma mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Telolinmu da masu aikin wuya su fara manna sunansu a cikin rigar da suka yi, su ɗauki hotonta kafin ta bar shago. Matasanmu da ke raba dare a TikTok suna kwaikwayon wasu, su juya kyamarar su ɗauki kakanninsu suna ba da labarin zuwan jirgin ƙasa da cinikin goro, tun suna raye. Iyaye, in an ce yaro ya kawo buta ranar al'adu, a je makarantar cikin ladabi a ce zai fito a alƙali ko likita, da hularsa. Masu haɗa lefe kuma, don Allah a cire man nan.

Mu ma a wannan mujalla za mu yi namu. A kusan kowane gida a Sabo akwai tsofaffin hotunan situdiyo a ƙasan akwati: Alhaji ranar dawowa daga Makka, Hajiya ranar aure da saƙi da murjani, yara ranar saukar Alƙur'ani. Muna roƙon a kawo mana su ofis kafin babbar Sallah, za mu kwafa mu mayar wa kowa da nasa a ranar. A rubuto sunan mai hoton, da sana'arsa, da shekarar in an tuna. Daga fitowa ta gaba za mu ware shafi biyu muna buga su.

Allah ya zaunar da mu lafiya da maƙwabtanmu, ya shirya mana zuri'a. Amin.